Sridevi, jarumar finafinan Indiya (1963–2018)

Sridevi jarumar fim ce 'yar ƙasar Indiya, an haife ta ranar 13 ga Agusta 1963, ta rasu ranar 24 ga Fabrairu 2018 tana da shekara 54. Asalin sunanta Shree Amma Yanger Ayyappan. Tsakanin fim ɗinta na farko da na ƙarshe shekara 50 ne, daga 1967 zuwa 2017, kuma a cikinsu ta fito a finafinai kusan 300 da harsuna 5, wato Tamil da Telugu da Malayalam da Kannada da Hindi, sannan ta ɗan leƙa talabijin. 'Yan jaridar Indiya ita suke kira mace ta farko da ta kamo manyan jarumai maza a Bollywood, abun nufi sunanta kaɗai ya isa ya cika sinima, a masana'antar da aka saba namiji shine mai fim, mace kuwa a kawo ta ta yi waƙa biyar ta yi kuka sau biyu shikenan.

Asali da yarinta

A ƙauyen Meenampatti kusa da Sivakasi a jihar Tamil Nadu aka haife ta. Mahaifinta Ayyappan lauya ne Batamile, mahaifiyarta Rajeswari kuwa 'yar ƙabilar Telugu ce, shi ya sa ta tashi da harsunan nan biyu a bakinta. Tana da ƙanwa Srilatha.

Tana 'yar shekara 4 aka fara sa ta a fim ɗin Tamil mai suna Kandhan Karunai na 1967, a 1969 kuma ta fito a Thunaivan a matsayin Muruga yana yaro, ɗaya daga cikin ababen bautar Hindu. Daga nan aiki bai sake tsayawa ba, yau Tamil gobe Telugu jibi Malayalam, har ta ci kyautar jihar Kerala ta ƙananan 'yan wasa da fim ɗin Poompatta na 1971. Makaranta kam ba ta samu ta yi nisa ba, ita da kanta ta sha faɗa a hira cewa ba ta san rayuwar makaranta da ta kwaleji ba saboda daga fitowa a yarinya kai tsaye aka maida ta jaruma ba hutu a tsakani. Mahaifiyarta ce ke bin ta wajen ɗaukar fim, ita ke magana da furodusoshi, ita ke yanke kuɗi, ita kuma yarinyar nata ido, sai an ce a fara ɗauka sannan ta zama wata daban. Wannan halin bai bar ta ba har ta girma, kusan duk daraktan da ya yi aiki da ita abu ɗaya yake faɗa, mace ce mai kunya da ƙarancin magana da za ta zauna a gefe shiru kamar baƙuwa, amma da kyamara ta kunnu sai ka rantse ba ita bace.

Akwai wani abu da ke nuna yanda masana'antar take a lokacin. A fim ɗin Telugu na 1972 mai suna Badi Panthulu jikar jarumi N. T. Rama Rao ta fito, shekara 7 bayan nan a Vetagadu na 1979 sai ga ta a matsayin budurwarsa, alhali ya girme ta da shekara 40. Ba wanda ya ɗauki abun a bakin komai a wancan zamanin.

Finafinan kudancin Indiya

Fitowarta ta farko a babbar jaruma ita ce Moondru Mudichu na 1976, darakta K. Balachander, tare da Kamal Haasan da Rajinikanth wanda shi ma lokacin yake tasowa. Shekararta 13, amma rol ɗin da aka ba ta na mace ne da ta auri mahaifin Rajinikanth don ta rama abun da ya yi wa saurayinta, kenan yarinya 'yar 13 ce ke fitowa matar uban ƙato, tana kallonsa sama da ƙasa tana ba shi umarni, kuma abun ya zauna. A 1977 Bharathiraja ya yi 16 Vayathinile da su ukun, ita ce Mayil, 'yar ƙauye mai burin zama malamar makaranta, kuma fim ɗin na cikin waɗanda suka fitar da finafinan Tamil daga cikin situdiyo zuwa ƙauye na gaskiya. Ita da Kamal Haasan sun yi finafinai sama da 20, a ciki harda Sigappu Rojakkal na 1978 da Meendum Kokila na 1981 wanda ya jawo mata kyautar Filmfare, wadda mujallar finafinai ta Filmfare ke bayarwa, ta ɓangaren Tamil.

Wanda aka fi tunawa dai shine Moondram Pirai na 1982 na Balu Mahendra, wanda aka sake yi da Hindi a 1983 da sunan Sadma, da jaruman nan biyu. Labarin budurwa ne da ta yi hatsarin mota ƙwaƙwalwarta ta koma ta ƙaramar yarinya, wani malamin makaranta ya tsince ta a gidan karuwai ya gudu da ita garinsu yana kula da ita. Irin wannan rol ɗin sauƙin ɓatawa gare shi, da yawa za su yi ta tsalle suna maƙale murya ne kawai, ita kuwa yarintar a idonta take da yanda take turo baki da yanda hankalinta ke barin magana ya koma kan ɗan kwikwiyo a tsakiyar zance. A ƙarshe ta warke, ta manta duk zaman da suka yi, malamin yana bin jirgin ƙasan da take ciki jikinsa duk rauni da taɓo yana kwaikwayon biri irin yanda ya saba ba ta dariya ko za ta tuna shi, ita kuma tana kallonsa ta taga ba alamar sani a fuskarta, ta ɗauka mahaukaci ne mai bara har ta miƙa masa abinci. Kamal ne ya samu kyautar ƙasa da fim ɗin, ita ba ta samu ba, kuma har yau masu sharhi na ganin an tauye ta, ra'ayin da ke da wuya a musa.

A Telugu ma ba a bar ta a baya ba, ta yi da Rama Rao da Nageswara Rao da Krishna da Sobhan Babu, sannan darakta K. Raghavendra Rao wanda ya san ta tun tana yarinya ya yi finafinai sama da 20 da ita.

Shiga Hindi ba tare da jin Hindi ba

Ta ɗan fito a Julie na 1975 a matsayin ƙanwar jarumar, amma fim ɗin Hindi na farko da ta ja shine Solva Sawan na 1979, wato 16 Vayathinile da aka juya, kuma bai yi kasuwa ba, ta koma kudu abunta. Sai 1983 Raghavendra Rao ya dawo da ita a Himmatwala tare da Jeetendra. Fim ne na hayaniya da kaya masu ƙyalli da rawa a bakin teku cikin jerin tukwane, ba wani labarin kirki, amma ya yi kuɗi sosai, kuma a shekara ɗaya da Sadma ya fito wanda shi bai kawo kuɗi ba, to kun san wanne furodusoshi za su bi. Haka aka yi ta jera mata irinsa, Mawaali, Tohfa, Maqsad, ita da Jeetendra kaɗai sun yi 16.

Abun da mutane da yawa ba su lura ba shine a duk shekarun nan ba muryarta ake ji ba. Ba ta iya Hindi ba lokacin da ta zo Bombay (Mumbai ta yanzu), haddace maganganun take yi ta furta, daga baya a kawo wata ta ɗora murya, yawanci Naaz wadda ita ma tsohuwar 'yar wasan yara ce, a Aakhree Raasta na 1986 ma Rekha ce ta ɗora mata. Waƙa dama a finafinan Indiya mawaƙa ne ke rerawa jaruma ta bi da baki. To idan aka cire magana aka cire waƙa me ya rage wa ɗan wasa? Fuska da ido da jiki. Anan ƙarfinta yake, kuma wataƙila shi ya sa wanda ba ya jin ko kalma ɗaya ta yaren zai kalli fim ɗinta ya gane tsoro take ji ko tsokana take ko ƙarya take shirgawa. Cikin daƙiƙa kaɗan fuskarta za ta canza sau uku huɗu ba tare da ta zama abin dariya ba, sai in ita ta so a yi dariyar.

A wannan lokacin ne aka yi ta maganar rashin jituwarta da Jaya Prada, wadda ita ma daga Telugu ta zo kuma sun sha fitowa 'yan uwa ko kishiyoyi. Jaya Prada ta bada labari daga baya cewa a wajen ɗaukar Maqsad, Jeetendra da Rajesh Khanna sun kulle su a ɗakin kwalliya ko za su yi magana, da aka buɗe kowacce na zaune a kusurwarta.

Ganiyarta

Nagina na 1986, darakta Harmesh Malhotra, shi ya canza lissafi. Macijiya ce mai rikiɗa ta zama mutum, ta auri Rishi Kapoor, Amrish Puri kuma shine bokan macizai da ke farautarta. Fim ɗin nata ne daga farko har ƙarshe, mijin ma kusan ɗan rakiya ne, kuma rawar ƙarshe da Saroj Khan ta tsara, inda take birgima a ƙasa cikin fararen kaya idanu sun canza launi tana sara da hannu yayin da ake busa mata, ta zama abun da ake kwaikwaya shekara da shekaru. Fim ɗin na cikin biyun da suka fi kawo kuɗi a shekarar, ɗayan kuma Karma ne wanda shi ma tana ciki.

A 1987 sai Mr. India na Shekhar Kapur, jarumi Anil Kapoor, furodusa yayansa Boney Kapoor. Boney ya sha bada labarin yanda ya je wajen mahaifiyarta ta ce kuɗin aikin 'yarta rufi lak 10 ne, wato miliyan 1 na kuɗin Indiya, tana jiran ya nemi ragi, shi kuwa ya ce zai bada lak 11. Ta fito 'yar jarida Seema mai tsanar hayaniyar yara da ta kama haya a gidan da ke cike da marayu, ta yi shigar ɗan barkwancin nan Charlie Chaplin a gidan caca, ta yi waƙar Hawa Hawai wadda Kavita Krishnamurthy ta rera tana murguɗa ido tana tuntuɓe da gangan. Jaruma mai kyau da ta yarda ta maida kanta abin dariya ba kasafai ake samu ba a lokacin, yawanci ana barin wannan ga 'yan barkwanci. Ba a yi bikin Filmfare na finafinan 1986 da 1987 ba, don haka waɗannan biyun suka wuce ba kyauta, sai a 2013 aka ba ta ta musamman a kansu.

1989 ita ce shekarar da ba ta da na biyu. Darakta Yash Chopra ya yi finafinai a jere duk sun faɗi, sai ya koma soyayya da Chandni, ita da Rishi Kapoor da Vinod Khanna, fararen kaya da duwatsun Suwizalan, kuma fim ɗin ya farfaɗo da shi ya kuma taimaka wajen dawo da finafinan soyayya da waƙa bayan shekarun duka da harbi. A nan ne aka fara jin muryarta ta gaskiya a Hindi, siririya mai ɗan karin kudu, har waƙa ɗaya ta rera da kanta. A shekarar dai ta yi ChaalBaaz na Pankaj Parashar, tagwaye Anju matsoraciya da ake azabtarwa da Manju 'yar tasha mai shan giya da dukan maza, Sunny Deol da Rajinikanth na gefe. Labarin ba sabo bane, Hema Malini ta yi shi a Seeta Aur Geeta na 1972, amma shi ya ba ta Filmfare ɗinta na farko a Hindi.

Filmfare ɗinta na biyu a Hindi da Lamhe na 1991 ta samu, inda ta fito uwa Pallavi da 'yarta Pooja, 'yar ta kamu da son mutumin da ya so uwarta a ɓoye. 'Yan kallo a Indiya ba su iya haɗiye wannan ba fim ɗin ya faɗi a gida, a Ingila da sauran ƙasashen waje kuwa ya karɓu, yanzu kuma ana lissafa shi cikin mafi kyawun aikin Yash Chopra. Ana cikin ɗaukarsa a Ingila mahaifinta ya rasu, ta je gida aka yi abun da za a yi ta dawo, abu na farko da ta ɗauka kuma fitowar barkwanci ce da Anupam Kher. A Khuda Gawah na 1992 da Amitabh Bachchan, wanda aka ɗauki wani ɓangarensa a Afganistan zamanin shugaba Najibullah, nan ma uwa da 'ya ta fito, ba ta yarda ta zama 'yar rakiya ba ko a gaban Amitabh. Duk da haka ba ta saki kudu ba, Jagadeka Veerudu Athiloka Sundari na 1990 da Chiranjeevi da Kshana Kshanam na 1991 na Ram Gopal Varma duk a wannan tsakanin ne.

Ba komai ne ya yi kyau ba. Nigahen, cigaban Nagina, bai kai na farko ba, Roop Ki Rani Choron Ka Raja na 1993 wanda aka kashe wa kuɗin da ba a saba gani ba ya faɗi warwas, ga kuma Madhuri Dixit ta taso da ƙarfi tun daga Tezaab na 1988. Laadla na 1994 kuwa gadonsa ta yi, Divya Bharti ce ta fara ta rasu a 1993 aka sake ɗauka da ita.

Aure, ja da baya da talabijin

A 1995 aka yi wa mahaifiyarta tiyatar ƙwaƙwalwa a wani asibiti a birnin New York na Amurka, likita ya yi aikin a ɓangaren da ba shi ne mai ciwon ba, maganar ta shiga jaridun Amurka har ta kai kotu, kuma uwar ta rasu a 1996. A shekarar ne ta auri Boney Kapoor, wanda ke da mata Mona Shourie da yara biyu, Arjun da Anshula, kuma auren ya jawo mata surutu mai yawa a mujallun fim. Judaai na 1997, inda ta fito matar da son kuɗi ya sa ta sayar da mijinta ga wata a kan rufi miliyan 20, shine na ƙarshe kafin ta ajiye aiki, kuma ya yi kasuwa, wato ba faɗuwa ce ta kore ta ba. Ta haifi Janhvi a 1997 da Khushi a 2000.

A tsawon hutun nan aikin da ya fi fitowa fili shine shirin barkwanci na talabijin Malini Iyer, a tashar Sahara daga 2004 zuwa 2005, mijinta ne furodusa. A shirin, Batamila ce ta auri Bapanjabe ta tare a gidan danginsa, dariyar duk a kan bambancin yare da abinci da al'ada take. Lokacin manyan jaruman fim sun fara gwada talabijin tun bayan da Amitabh ya yi nasara da shirin kacici-kacici a 2000, amma nata shirin bai yi tasirin da aka zata ba, gaskiya rubutun bai kai ta ba.

Dawowa

Bayan shekara 15 ta dawo da English Vinglish a 2012, fim ɗin farko na darakta Gauri Shinde, aka fara nuna shi a bikin finafinai na Toronto a Kanada. Shashi matar aure ce mai yin alawar laddu tana sayarwa, mijinta da 'yarta na yi mata dariya don ba ta jin Turanci, sai ta je New York bikin 'yar yayarta ta shiga ajin koyon Turanci na sati 4 a ɓoye. Akwai inda ta shiga shagon shan kofi, mai sayarwa na jero mata tambayoyi da sauri cikin tsawa, layi ya taru a bayanta, ta ruɗe ta yi karo da wani kaya suka zube, ta fita da gudu ta zauna a benci tana kuka. Ba rawa ba kwalliya, sari ne da jaka da mace mai shekara kusan 50, kuma wadda ta yi shekaru tana aiki cikin yaren da ba ta ji ba sai an koya mata yanda wannan kunyar take ba. Fim ɗin ya karɓu a gida da waje, a 2013 gwamnatin Indiya ta ba ta lambar girmamawa ta Padma Shri.

An yi mata tayin rol ɗin Sivagami a Baahubali ba a daidaita ba, Ramya Krishnan ta yi. Ta yi Puli na Tamil a 2015 da Vijay, sai Mom a 2017 wanda aka tallata a matsayin fim ɗinta na 300, malamar makaranta da ke bin waɗanda suka yi wa 'yar mijinta fyaɗe ɗaya bayan ɗaya bayan kotu ta sake su. Sajal Aly da Adnan Siddiqui 'yan Pakistan ne suka fito 'yar da mijin, harda Nawazuddin Siddiqui da Akshaye Khanna.

Rasuwa

A Fabrairun 2018 ta je Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa bikin Mohit Marwah, ɗan 'yar uwar mijinta, bayan biki ta tsaya a Dubai. Daren 24 ga wata aka same ta a bahon wanka na ɗakin otal ɗinta. Da farko bugun zuciya aka ce, rahoton likitocin Dubai kuma ya ce nutsewa ce bisa tsautsayi bayan ta fita hayyacinta, masu gabatar da ƙara suka rufe binciken ranar 27 aka saki gawar. Tashoshin labaran Indiya sun yi abun kunya a kwanakin nan, harda masu shiga baho a gaban kyamara wai suna gwada yanda abun ya faru, kuma an soke su sosai a kai. A watan Mayu kotun ƙolin Indiya ta yi watsi da buƙatar a sake bincike. A 2023 Boney Kapoor ya faɗa a wata hira cewa ta saba matsa wa kanta da rage cin abinci da ƙaurace wa gishiri, har takan yanke jiki ta faɗi.

An ƙona gawarta bisa al'adar Hindu ranar 28 ga Fabrairu a unguwar Vile Parle ta Mumbai, da karramawar gwamnatin jihar Maharashtra, an lulluɓe ta da tutar ƙasa, dubban mutane suka bi motar. Watanni kaɗan bayan nan aka ba ta kyautar ƙasa ta gwarzuwar jaruma saboda Mom, wadda ba ta taɓa samu ba tana raye, mijinta da 'ya'yanta biyu suka karɓa a Delhi. Fim ɗin Janhvi na farko, Dhadak, ya fito a Yulin 2018, a Disamba kuma aka ga Sridevi na ɗan lokaci a Zero na Shah Rukh Khan, fitowar da aka ɗauka kafin rasuwarta. Khushi ma ta shiga fim a 2023 da The Archies.